Hoton da Ke Bayan Kanta

A Kantin Kwari, layin 'yan atamfa,
shagon Madam Fang, inda nake rubuta bashi,
akwai wani hoto da ƙura ba ta kwana a kansa,
don sai ta goge shi kafin ta kunna fanka.

Mace ce, gira kamar an ja ta da tsinke,
wuyan riga ya tsaya mata har haɓa,
ido na kallon wani abu can bayan kafaɗata.
Na yi wata bakwai ban tambaya ba.

Ranar da aka ɗauke wuta, janareta ya ƙi tashi,
ciniki ya tsaya, muka zauna kan dila,
da Hausarta mai tsalle-tsalle ta ce:
"Kakata ce, Shulan. Fim take yi a Shanghai
tun fim bai iya magana ba."

Fim goma sha ɗaya, in ji ta.
Ta fito 'yar masunta, ta fito bazawara mai tallar fure,
sau huɗu tana mutuwa a kan farin ƙyalle,
mutane na sharɓe a duhu, makaɗi na fama a gefe,
ita kuwa ko uffan.
Ido ne bakinta, yatsu ne harshe.

Sai ga na'ura mai kama murya.
Aka ce ta yi magana, ta yi.
Aka ji karin harshen ƙauyensu na bakin kogi,
masu fitila suka ƙunshe dariya,
washegari aka kawo wata.

Faya-fayen fa? Yaƙi ya ci wasu, lema ta ci saura.
Hoton nan ne kaɗai ya tsallake,
a cikin littafin awon wani shagon ɗinki
inda ta shekara arba'in tana sa maɓalli.

Ban gaya wa Madam ba
cewa ni ma, Tasalla, na taɓa tsayawa gaban kyamara,
a wani bene kan titin Gidan Zu.
Fim uku, duk a kaset.
Ƙanwar jaruma ce ni, mai kawo ruwa a tire,
muryar da aka ji a bakina wajen waƙa
ta wata ce, ban ma taɓa ganinta ba.
Bara na je neman kaset ɗin Ƙofar Wambai,
mai shagon ya ce shi yanzu caja yake sayarwa.

Aka kawo wuta, fanka ta juya.
Wani Ba'agadashe ya shigo neman shadda dila biyu,
Madam ta miƙe, na buɗe littafi.

Amma da yamma, kafin a ja ƙofa,
na tsaya gaban gilashin, fuskata ta hau kan tata.
Na ɗaga gira yadda ta ɗaga,
na riƙe numfashi, na ƙirga biyar,
ina jiran a ce ya isa.

Ba wanda ya ce.
Mai gadi ne ya kaɗa makullai,
ya tambaye ni ko na yar da wani abu.