Wata Ɗari Uku da Sittin

Ƙarfe biyun dare a Barreiro.
Na taso daga asibiti, hannuna na warin magani,
na tarar Baltazar ya yi barci da takalmi ɗaya a ƙafa.
Na kunna fitilar kicin,
na baje takardun banki a kan tebur
yadda nake buɗe fayil ɗin majiyyaci
in likita ya ƙi haɗa ido da dangi.

Ma'aikacin banki, mai murmushin aro,
lamba ɗaya ya nuna mana da bakin biro:
ɗari takwas da sittin a wata.
Ya ce, ai kusan hayar da kuke biya ce.
Muka gyaɗa kai.
Ni tagar nake hange, mai kallon kogin Tejo,
shi kuwa ƙugiyar rataye kekensa.

Yanzu daga ni sai kalkuleta, ita ba ta murmushi.

Yuro dubu ɗari da tamanin muka nema,
shekara talatin, ruwa huɗu bisa ɗari.
Na buga, na goge, na sake bugawa,
amsar ta kafe:
dubu ɗari uku da tara za mu mayar.
Ashe a gida ɗaya za mu kwana,
kuɗin kusan biyu za mu biya,
na biyun ba ƙofa, ba taga,
ba ranar karɓar makullinsa.

A watan farko
ɗari shida ruwa ne zalla.
Ɗari biyu da sittin ɗin da suka rage
su ne za su taɓa uwar kuɗin,
gutsurar ɓera a jikin buhu.
A bakin kogi aka haife ni,
amma ban san ruwa na cin mutum
yana zaune a busasshiyar kujera ba.
In ma mai hawa da sauka muka zaɓa,
wata rana sai mu farka ya kawo mana iya wuya.

Ga kuma baƙin da ba su zo sa hannu ba
amma za su zo cin abinci:
inshora, harajin gunduma,
kuɗin gyaran rufin bene,
da bututun da zai fashe cikin hunturu
ko sallama babu.
A gidan haya ni ke kiran mai gida.
A nan wa zan kira?

Babana Anselmo a haya ya rasu.
Shekara arba'in yana shafa fenti a bangon wani,
bai bar bashi ba,
bai bar ko ƙusa ba.
Har yau na kasa cewa ya yi asara,
na kasa cewa ya ci riba.
Bashi hanji ne, yana cikin kowa,
sai dai na wani ya fi na wani tsawo.

Benedita ta yi tari a ɗaki.
Shekararta huɗu.
Ranar da za mu biya na ƙarshe
tana da talatin da huɗu,
wataƙila ita ma tana zaune a wani kicin
da nata takardun.
Ni kuwa sittin da tara,
in gwiwoyin nan sun kai ni.

Sai na gwada wata dabara:
in muka ɗora ɗari kowane wata fa?
Aikin dare biyu ke nan a wurina,
ko shi ya ƙara Asabar ɗaya a injin jirgin fito.
Lambobi suka motsa.
Shekara biyar da 'yan watanni suka zube,
kusan dubu ashirin da shida suka dawo gida.
Na daɗe ina kallonsu
kamar zazzaɓin da ya fara sauka.

Jirgin farko ya yi kuka a tasha.
Baltazar ya leƙo, takalmin a hannu,
ya ce, za mu iya?

Ban ce e ba.
Na tura masa takardar,
na ɗora yatsa a kan babbar lambar,
wadda ba a nuna mana ba.
Na ce, zauna ka karanta wannan tukuna.
Bari in ɗora ruwan kofi.