Kilo Hamsin da Biyu

Shekara goma sha bakwai sikeli ne ubangidana.
Kafin doki, kafin mai doki, shi nake fara gaisarwa.
In allura ta gota hamsin da biyu,
sai in rufa da bargo in zaga Runjin Sambo da tsakar rana,
gumi na biyan bashin tuwon jiya.

Inna takan ce, "Jelani, mi kaka samu ga wanga aiki?
Doki na cin gero da kanwa, kai kana lasar ludayi."
Ban taɓa iya amsa mata ba.
Ta ina zan fara gaya mata yadda ƙasa ke gudu baya,
yadda ihun jama'a ke zama ruwa a kunne,
in Ruwan Dare ya miƙe wuya a kwanar ƙarshe?

Akawal ne, da fari a goshi kamar an ɗiga nono.
Kofi shida muka ɗauko tare.
A neman na bakwai ƙafarsa ta sami rami.
Na ji ƙarar kafin in ji ƙasa,
irin ta busasshen karan dawa in an taka.
Ni an kai ni ga maɗori a Kwannawa.
Doki ba ya jiran ɗori.

Wata takwas ina ƙirga kajin maƙwabta daga kan tabarma,
sai ga yaran fim na cigiyar mai riƙe musu linzami.
Jaruminsu, da gilashi da turare,
ya zo zai hau ta dama,
goɗiya ta ajiye shi cikin kwata.
Na yi dariyar farko tun faɗuwata.
Darakta ya bar jarumi a kwance, ya juyo da kyamara:
"Malam, sake wannan."

Yau fim tara ke nan ni ne Alhaji Maikwabo.
Su cusa min matashi ƙarƙashin babbar riga,
su ajiye kaza a gabana,
a ce ci, a ce sake ci, haske bai yi ba.
Ni da na yi ƙuruciya ina tsoron loma.

Ranar da aka ce in yi kuka,
yaron kwalliya ya miƙo albasa, na ce mayar.
Karan dawa kawai na tuna.
An ce an yanke, ban ji ba,
har mai riƙe da fitila ya kawar da kai.

A kasuwa yara na bi na, Alhaji, Alhaji.
Tsoho Modi mai harawa kaɗai ba ya kallon fim.
Ya auna ni da ido, daga hula har takalmi:
"Sittin da tara. Ka yi wa doki nauyi."

Gaskiyarsa.
Amma ko jiya, a bayan ɗan kabu-kabu,
da muka shawo kwanar Gawon Nama,
gwiwoyina suka matse da kansu,
na ɗaga daga kujera, na duƙa,
yaron na cewa, "Baba, lafiya?"