Tafinta

Ni ne tafinta ran da aka zauna
a babban ɗakin taro na Kaduna.
Fanka na juyi, zafi bai san ana yi ba,
kwamiti a dogon tebur, kowa da gorar ruwa.
Sun zo jin bakin jama'a, in ji sanarwa,
kan gyaran kundin tsarin mulkin ƙasa.

Kowa minti uku. Agogo na gaban magatakarda.

Aka kira Baba Kazah Didam.
Tun jiya ya baro duwatsun bayan Zonkwa
a motar citta, zaune bisa buhuna,
har yanzu yajinta bai bar rigarsa ba.
Na gabansa duk da takardu suka zo,
shi ƙullin tsumma ya ciro daga aljihu,
ya kwance a hankali, kamar mai buɗe ciwo:
ƙasa ce, ja, cikin tafin hannu guda.

Ya buɗe baki da harshen mahaifiyata,
harshen da na bari a ƙauye kamar tsohon takalmi,
sai in an biya ni nake komawa in saka.

Ya ce: an karanta mana littafin nan naku.
Wai ƙasa amana ce a hannun hukuma.
To, amana hannu da hannu ake bayarwa.
Wa ya miƙa? Gaban wa? Ina shaida?
Ubana bai faɗa mini ba, shi da ba ya ɓoye bashi.

Na juya wannan. Aka yi dariya kaɗan.

Ya ce: iyakarmu ɗorawa ce da dutse mai tsagi,
in an yi gardama, dattawa bakwai ke takawa,
su dawo a sha kunu, magana ta mutu.
Bara sai ga yara da ƙarfe mai ƙafa uku,
suka dasa siminti mai lamba a tsakiyar accata.
Ban hana hanya wucewa ba, ni ma ina hawan mota.
Ku rubuta dai: kafin a auna, a tambaye mu.
Ku rubuta: a bar mana masu yanke mana hukuncin gona.
Ku rubuta sunanmu yadda muke kiran kanmu,
ba yadda baƙo ya ji shi a kasuwa ba.

Sai ya ɗaga ƙullin, ya faɗi kalma ɗaya.
Nan na tsaya.

Kalmar tana nufin gona, tana nufin kushewa,
da inda aka binne cibiyar jariri,
da rabon wanda ko cikinsa ba a yi ba,
da abin da ba a sayarwa don mai shi bai gama zuwa ba.
Na laluba Hausata har ƙasan tukunya,
na leƙa Turancin da na sayo da kuɗin makaranta,
agogo na ci, shugaba na kallona ta saman tabarau.

Na ce: fili.

Magatakarda ya rubuta: rikicin fili.
Ƙararrawa ta buga. An gode, Baba, na gaba.

Ya dube ni. Ba ya jin Turanci, amma yana jin tsawo:
ya san abin da ya ba ni ya fi abin da na miƙa.
Bai ce komai ba. Ya bar ƙullin a kan tebur.

Da yamma mai shara ta zo da tsintsiya,
na riga ta, na juye ƙasar cikin ambulan
ɗin da aka ba ni kuɗin aikina.
A gida, a Sabon Tasha, 'yata Asabar ta buɗe,
ta ce, Baba, mene ne wannan?

Na faɗa mata kalmar, cikakkiya, yadda tsohon ya faɗa.
Ta ce in maimaita.
Na maimaita.
Ta ce, to, da Hausa fa?