Soron Gwadabe

Gwadabe magini, ɗan Yakasai,
bai taɓa auna fili da igiya ba.
Kwanciya yake, ya kasa kunne,
ƙasa ta faɗa masa inda take son nauyi.

Ran da ruwa ya ɗauke bisa Dala
ya kafa tsani, ya kamo bakan gizo,
ya tanƙwara shi cikin azara,
ya shafe da makuba.

Sarkin magina ya ce ba zai kai kaka ba.
Yau jikokinsa nan suke fakewa,
launi na tsattsafo musu daga rufi.

Shi kuwa a ɗakin aro ya cika, mai yoyo.
Kududdufin da ya ɗebi ƙasa,
leƙa shi da asuba:
sorayen da bai samu ginawa ba
suna ciki, a kife.