Laima Rawaya a Galle

Ƙarfe tara mota ta sauke su a bakin ƙofa,
mutum goma sha ɗaya, manyan huluna, kowa da gorar ruwa.
Na ɗaga laimata rawaya: ku biyo wannan.
Wanda ya ɓace ya tsaya gindin hasumiyar agogo, zan zo.
Sunana Sumanasiri. Ba sai kun riƙe ba.

Ku ɗaga kai, ga ganuwa.
Turawan Fotugal suka fara ta da laka da kututturen kwakwa,
na Holan suka kore su, suka aza dutse,
na Ingila suka zo suka tarar an kwashe tuwo,
sai wanke hannu.
A nan ake dariya. Kullum a nan ake dariya.
Na san wurin kamar yadda harshe ya san giɓi.

Kirfa ce ta kawo su, na ce, na ɓallo ɓawo na miƙa.
Ya zaga hanci goma sha ɗaya.
Wata dattijuwa ta lumshe ido, wai ƙamshin ɗakin girkin kakarta.
Na ce madalla.
Ban ce mata nawa kakan ya mutu da yatsu a tanƙware
wajen fere wannan ɓawon ba.
Rana ta fara zafi, kuma akwai sauran tafiya.

A tsohon coci, inda kaburbura suka zama daɓe,
muka taka wani kyaftin, da matarsa,
da jaririn da bai cika wata huɗu ba.
Rubutu radau, har da zanen fure.
Waɗanda suka ɗauko duwatsun a ka
ko wasali ɗaya ba a bar musu ba.

Azahar, gidan Sithy Nazeera: shinkafa, kifi, madarar kwakwa.
Barkono ya sa wani dogo hawaye, yana ta ba da haƙuri,
ban san wa yake ba wa ba.
Ladan ya yi kira daga farin masallacin da ke kallon teku,
hankaka ya sauko ya ɗauke kan kifi
kamar dama da sunansa aka soya.

Da la'asar muka hau bisa.
Samari na faɗawa ruwa daga kan dutse saboda 'yan kuɗi,
ɗan maƙwabcina a cikinsu, ya kau da kai, na kau.
Sai wata yarinya, wadda tun safe ba ta ɗauki hoto ba, ta ce:
Ranar da teku ya taso fa, ganuwar ta riƙe?

Ta riƙe, 'yata.
Abin da aka gina don tare igwa, ya tare ruwa.
Na ciki sun jiƙe, sun tsane.

Ta ce, na waje fa?

Na nuna da bakin laima: ga filin wasa, ga tashar mota can.
A gefen tashar Kusumalatha ke kasa mangwaro,
uku-uku, manyan a sama.
Ni kuwa ina nan, daidai inda kike tsaye,
da wasu baƙi masu manyan huluna,
ina faɗa musu nauyin harsashin igwa.

Wannan ban faɗa ba.
Na ce: na waje sun sha wahala. Ku kula da matakala, akwai santsi.

Ƙarfe biyar na ƙirga su, goma sha ɗaya cif.
Aka cusa mini takardu a tafi, aka ce gari mai kyau.
Yarinyar ce ta ƙarshen hawa. Ba ta ba ni komai ba,
hannuna kawai ta riƙe, ta ɗan jima.

Na naɗe laima na sa a hammata.
Gidana a waje yake.
Na fita ta ƙofar da na shigo da su,
na tsallaka titi, na tsaya wajen mai mangwaro.
Wata ce daban, ba ta san ni ba.
Na sayi uku.