Mai Faci a Gefen Kufai

Rumfata na gefen titin da ya nufi Basra,
tsakanin mai shayi da kufan wani birni
da ƙasa ta haɗiye, ta bar tudu.
Falih suke kirana. Faci nake yi.
Shekara talatin da ɗaya ina murzar taya,
har baƙin hannuna ya daina jin sabulun Juma'a.

In rana ta take, motoci suka ɗauke ƙafa,
sai in jingina da tulin tayoyi in dubi tudun.
Masu haƙa sun ce maginan tukwane na kwance a ƙarƙashinsa.
Sauran ni na ƙara, ba wanda ya gaya mini.

Na sa mata suna Geme-Utu.
Faifan katako gare ta, mai nauyin ɗan maraƙi,
kwance bisa turke, tana juya shi da tafin hannu,
yumɓu na miƙewa tsakanin yatsunta
kamar wuyan wanda aka kira sunansa.
Ran nan turken ya karye.
Faifan ya faɗi a kan gefensa, ya ƙi kwanciya,
ya gangara, ya ratsa shanyar sha'ir,
ya watsa agwagi, ya nufi Furatu,
tana bin sa da zagi, zani a hannu.

A bakin ruwa akwai ɗan dako, Abba-kalla,
wanda gammo ya cinye wa gashin tsakar ka.
Ya sauke kwandon dabino, ya tsaya.
Abin da ƙarti biyu ke nishi kafin su ɗaga,
ga shi yana tafiya shi kaɗai, ba ƙafa, ba bulala.
Kowa dariya yake. Shi kuwa wuyansa ya gane
tun kafin kansa ya gane.

Wata nawa ya yi yana ɓarnar itace?
Faifai ɗaya faɗuwa yake, biyu sai da sanda a tsakani,
sanda ta ci rami, rami ya ci sanda,
har wata tsohuwa da ƙarar ta hana barci
ta ce, kai, shafa masa kitsen tunkiya mana.
Kukan ya tsaya. Jaki ya ja.

Daga ranar nisa ya fara ramewa.
Gishiri ya je inda ba a taɓa lasar sa ba,
hatsi ya kwana a garin da bai noma shi ba.
Faifan kuwa bai ƙara samun hutu ba:
aka tsayar da shi a kogi ya ɗebi ruwa,
aka ba shi auduga ya kaɗa,
aka fiƙe masa haƙora, aka kulle shi cikin agogo
yana taunar lokaci.

Amma hanyar da ta kai hatsi ita ta kai mashi.
Aka rage masa nama, aka bar tsinkaye, aka ɗaura wa doki,
gari ya kwana lafiya, ya tashi da sawu biyu a gonarsa.
Wannan kam ba sai na ƙirƙira ba.
A titin nan na tsaya
shekarar da manyan motoci suka kwana uku suna wucewa,
ba wadda ta tsaya faci.
Ƙanena Mizhir na cikin ɗaya, ya ɗaga mini hannu.
Tayar da ta kai shi ba ta san hanyar dawowa ba.

Jiya da la'asar wata yarinya ta turo kakanta
a keken guragu, ƙafar hagu ta sace.
Ƙayar dabino ce, 'yar mitsitsiya.
Na tsoma robar a ruwa, kumfa ta nuna mini wurin,
na kankare, na shafa gam, na danne da babban yatsa.
Tsohon ya ce nawa? Na ce bar shi.
Ta juya shi suka hau titi,
tana gudu, yana ce mata a hankali, yana dariya,
ƙafar na ɗan kuka a kowane juyi.
Na ɗaga murya na ce, a ɗiga mata mai!
Ban sani ba ko sun ji.
Na koma na jingina, shayina ya huce.