A Bar Komai Yadda Yake

Ni ne masinjan kotun Ambajogai,
shekara goma sha tara ina yawo da takarda a kan babur.
Ban taɓa yanke wa kowa hukunci ba.
Nawa in kai, in karanta, a dangwala, in juya.

Ranar da na kai wa Dhondiba tasa
damina ta yi kwana tara da sauka.
Na tarar ya ɗaura wa shanu biyu garma,
ƙasa baƙa ƙirin tana cafke takalmi,
matarsa Shevanta na biye da irin dawa a haɓar zane.

Na ce, Baba, tsai da shanun.
Sopan, ɗan ƙanenka, ya shigar da ƙara
kan eka huɗun da ke gabas da rijiya.
Alƙali ya ce a bar komai yadda yake,
kada ka shiga, kada ya shiga,
sai an saurari shari'a.

Ya daɗe yana kallon hatimin.
Can ya ce, "Yaro, ka karanta wa hadari?
Ga shi yana haɗowa ta bayan tudu.
Je ka gaya masa ya tsaya yadda yake."
Ya dangwala babban yatsa,
tawada rabi, laka rabi.

Kada ku ce Sopan mugu ne.
Na same shi a tasha yana tuƙa keke mai ƙafa uku,
ya ce, "Ubana ya haƙa rijiyar nan,
a cikinta ƙugunsa ya goce.
Awarwaron matata na sayar na biya lauya."
Shi ma hannunsa rawa yake da ya sa hannu.

Daga nan sai ɗage zama.
Yau lauya na zazzaɓi,
gobe alƙali ya tafi hutu,
jibi an yi masa canjin wurin aiki,
sabon ya ce a faro daga farko.
Wata shekara gara ta ci shafi na sha ɗaya,
inda mai awon fili ya zana iyaka.

Gona kuwa ba ta iya karatu ba.
Ciyawa ta shiga ba izini,
bagaruwa ta kafa ƙafa har ta wuce tsawona,
aladun daji suka yi ɗaki a bakin rijiya,
ɗawisu na taƙama a kan kunya kamar shi ya ci gado.
Maƙwabcin arewa, wanda ba ya cikin ƙara,
kowace shuka garmarsa na cin taku biyu,
dutsen iyaka na tafiya da dare.

Dhondiba ya koma saran rake a gonar wani,
ana auna masa wuni da sikeli.
Shevanta ta adana irin a tulu,
da toka, da ganyen darbejiya,
duk bazara ta buɗe ta shinshina ta rufe.

A damina ta bakwai na sake zuwa da sammaci.
Ƙofa a buɗe, turke ba shanu.
Ta ce, "Ka makara da kwana goma sha ɗaya,
an ƙone shi a bakin kogi."
Na ciro biro zan rubuta: ba a same shi ba.

Ta riƙe mini hannu.
"Takardarku ta hana matattu?
Toka duka sun kai wa ruwa,
ni na ɓoye tafi ɗaya a haɓar zane.
Daren jiya na tsallake ƙaya,
na watsa shi gabas da rijiya, tare da dawar.
Rubuta, ka kai wa alƙali:
Dhondiba ya shiga gona."

Ban rubuta ba.
Na tada babur, yayyafi ya soma,
na tura takardar cikin riga kada ta jiƙe.
An ɗage zaman zuwa bayan girbi.